G ko K: wace lamba ake sa wa karayar ƙwauri idan ta daɗe ba ta haɗe ba?

'Yar'uwa, kin ce a karatun da kike yi na sanya lambobin cuta irin na asibitocin Amurka an ba ki bayanin wani majinyaci: ƙashin ƙwaurinsa na dama ya karye a tsakiya, bai huda fata ba, an zura masa ƙarfe ta cikin ɓargo, yau wata biyar amma hoto na nuna bai gama haɗewa ba. Tambayarki ita ce S82.201G za ki sa ko S82.201K, kuma me ya raba su.

Gurabe shida na farko duk ɗaya ne. S82.2 tsakiyar ƙashin ƙwauri ke nan, 0 na nufin ba a faɗi irin karayar ba, 1 ƙafar dama, da hagu ce sai ki sa 2. Rigimar tana kan harafi na bakwai, wanda ya zo da tsarin lambobin cuta na ICD-10-CM da Amurka ta koma kansa ranar 1 ga Oktoba 2015.

G na nufin ƙashi yana warkewa amma yana jan ƙafa. K na nufin ya tsaya cak, ba zai haɗe ba sai an yi masa wani abu. Kamar motar da ke rarrafe a kan tudu ce da wadda ta mutu a gefen titi: duka ba su isa gari ba, amma ɗaya ce kaɗai ke jiran makanike. A majinyacin G, in aka jera hoton wancan wata da na wannan, za a ga sabon ƙashi na ƙaruwa a bakin karayar, ko da kaɗan ne. A majinyacin K kuwa hotunan kamar an buga su rana ɗaya, layin karayar na nan a buɗe, wani lokaci bakunan ƙashin sun yi tauri sun shafe, ko a tarar kusoshin ƙarfen sun fara karyewa saboda su kaɗai ke ɗauke da nauyi.

Ƙwauri ya yi suna wajen wannan nawar. Gabansa fata ce kawai a kan ƙashi, babu tsoka, kuma jini ba ya isa ƙasansa sosai. In aka haɗa da shan taba, ko ciwon sukari, ko rauni ya kamu da ƙwayoyin cuta, sai abin ya ƙara ja. Yawanci wata huɗu zuwa shida yake ɗauka.

To ga inda masu koyo ke faɗawa rami: lissafin kwanaki. Littafin lambobin bai yanka wa'adin da G ke zama K ba. Akwai ma'anar rashin haɗewa da ake yawan jingina wa FDA, hukumar kula da abinci da magunguna ta Amurka, cewa sai an yi wata tara da karaya, kuma wata uku a jere babu alamar ci gaba. Inshorar gwamnati ta Medicare kuma tana da nata mizanin. Amma ba ke za ki ɗauki kalanda ki yanke hukunci ba, ba kuma ke za ki fassara hoto ba. Abin da likitan da ke duba majinyacin ya rubuta shi ne hujjarki. In ya rubuta jinkirin haɗewa, G. In ya rubuta rashin haɗewa, K. In kuma abin da ya ce kawai shi ne "bai gama warkewa ba, ya dawo bayan sati shida", wannan bai ba ki ko ɗaya ba, don wataƙila a ganinsa komai na tafiya daidai, wato D. Sai ki aika masa da tambaya a rubuce, ba tare da kin sa masa amsa a baki ba.

G da K na karayar da ba ta buɗe ba ne. In ƙashi ya fasa fata, ana bin matakan Gustilo, wato ma'aunin munin buɗaɗɗiyar karaya: mataki na 1 ko 2 jinkirinsa H, rashin haɗewarsa M, mataki na 3 kuwa J da N. Wanda ya haɗe a karkace shi ne P, Q ko R.

Wajen kuɗi ne bambancin ke fitowa fili. Da G, yawanci ganin likita ne da hoto da haƙuri, wani lokaci a cire kusa ɗaya don ƙashin ya matsu da juna in ana takawa. K ita ke buɗe ƙofar manyan ayyuka. Lambobin tiyata 27720 zuwa 27725 an rubuta su ne don gyaran ƙwaurin da ya ƙi haɗewa ko ya haɗe a karkace: 27720 babu dashen ƙashi, 27724 da dashen da aka ɗebo daga ƙugun majinyacin ko wani sashe na jikinsa, kuma ɗebo ƙashin yana cikin lambar, ba a cajinsa daban. Ki haɗa 27724 da G ki aika, kamfanin inshora zai ga maganar ba ta jitu ba, ya dawo miki da takarda.

Haka na'urar zaburar da ƙashi, E0747 mai aiki da lantarki da E0760 mai aiki da sauti. Medicare na son hotuna kashi biyu aƙalla, kowanne daga fuskoki daban-daban, tsakaninsu kwana 90 ko fiye, da ke nuna warkewa ta tsaya. Ta kuma faɗa ƙarara cewa ba ta biyan ta sautin don sabuwar karaya ko jinkirin haɗewa. Nan ne za ki ji wani a ofis na cewa a sa K kawai don na'urar ta fito. Kada ki yarda. Sauya lamba don a samu biya zamba ce a dokar Amurka, kuma sunanki ne a kan aikin.

Akwai wata ƙa'ida da ke ruɗa mutane. Wanda ya karye bai je asibiti ba sai bayan watanni, ƙashin ya riga ya ƙi haɗewa, harafin zuwan farko ake sa masa, A, B ko C, ba K ba. Mu da muka saba ganin an fara kai mutum wurin maɗori kafin a tuna da asibiti, wannan ba za ta yi mana wuyar riƙewa ba. Kuma in kin taɓa aiki da ICD-10 na Hukumar Lafiya ta Duniya, kin san can M84.1 ne rashin haɗewa, M84.2 jinkiri. Na Amurka ya watsar da su, kada hannunki ya kai can.

Shi majinyacin naki, kwana 90 na bayan tiyatar farko, waɗanda duban likita a cikinsu ke shiga kuɗin tiyatar, sun wuce, don haka ana cajin wannan zuwan da kansa. Ki koma rahoton tiyata ki duba irin karayar, domin 201 ta rashin bayani ce. In murɗaɗɗiya ce da ta goce, S82.241 ce daidai. Harafin ƙarshe kuma ki bar shi a buɗe har likita ya amsa miki.