Faifan Ladri di biciclette da matar da ta yaye zannuwan gadonta

Na sayi faifan nan ne saboda uba da ɗansa, don duk wanda ya ba ni labarin fim ɗin su yake ambata. Sau uku na kalla cikin mako biyu, kuma a kallo na biyu da na uku Maria, uwar yaron, nake jira ta fito.

Ladri di biciclette, wato ɓarayin keke, Vittorio De Sica ne ya ba da umarninsa a 1948, lokacin da birnin Roma ke fama da rashin aiki bayan yaƙin duniya na biyu. Antonio ya samu aikin manna fastoci, amma sai da keke, nasa kuwa yana gidan jingina. Lianella Carell ce ta fito a matsayin matarsa, Maria. 'Yar jarida ce, ta je wurin De Sica don hira, ya ga fuskarta ya ba ta rawar. Wanda ya fito a mijin ma, Lamberto Maggiorani, ma'aikacin masana'anta ne.

Gyaran hoton da aka yi ya biya kuɗinsa. A kwafin da na taɓa leƙawa a intanet, fuskoki duk hazo ne. A nan kuwa, sa'ad da Maria ta fara bayyana a unguwar Val Melaina ɗauke da bokitai biyu na ruwa, kana ganin yadda kafaɗunta suka rankwafa, mijin yana gaba yana ta ƙorafi, sai can ya juyo ya karɓi ɗaya. Da ta ji matsalar, ba ta tsaya dogon zance ba. Ta shiga ɗaki ta yaye zannuwan gado, ta wanke, suka kai jingina. Guda shida, na kayan aurenta. Aka ba su lira 7,500, kuɗin Italiya na lokacin, suka fanso keken da 6,100. Na dakatar da faifan a daidai inda ta leƙa ta tagar mai karɓar kaya tana neman a ɗan ƙara, murmushin da ta yi da aka ƙara ɗin ya tsaya mini a rai. Na tuna gwaggota, shekarar da ta fitar da kwanukan jerenta aka sayar don mijinta ya koma kasuwa, ba ta kuma sake ɗaga maganar ba har ta rasu.

Akwai kuma inda take rage masa faɗin hular aiki, da inda ta hau bene wurin mai duba don ta biya lira 50 da ta yi alkawari, shi yana mata tsiya. Bayan an sace keken ta zo ta same shi, hawaye ya zubo, daga nan labarin ya bi uba da ɗa cikin gari, ita ba a sake komawa kanta ba.

Inda faifan ya gaza ke nan a wurina. Ƙarin bayanan da aka haɗa sun daɗe a kan De Sica da marubuci Cesare Zavattini da Enzo Staiola, yaron da ya fito a ɗan, ita kuwa an wuce ta da sauri. Fassarar da ke ƙasan allo ma fara ce, takan ɓace idan ta hau kan farin zane.

Carell ba ta daɗe a harkar ba, kimanin shekara goma. De Sica ya sake kiranta a fim ɗin L'oro di Napoli a 1954, inda ta fito matar Totò, shahararren ɗan wasan barkwancin Italiya. Fim ɗinta na ƙarshe ya fito a 1958, ta koma rubutu, ta rasu a Roma a shekarar 2000. Wancan na 1954 shi nake nema yanzu, na riga na ba mai kawo mini faifai sallahu.