Gargaɗi Kan Masu Damfara da Sunan Yawon Gaɓar Tekun Ayalan a Jirgin Ƙasa

Ina rubuta wannan gargaɗi ne daga Dublin, babban birnin Jamhuriyar Ayalan, inda na daɗe ina zaune, domin in jawo hankalin 'yan'uwa Hausawa mazauna Birtaniya da na gida Najeriya kan wata talla da ke yawo a zaurukan WhatsApp da shafukan Facebook. Tallar ta ce za a kai mutum yawon buɗe ido na kwana shida a gaɓar tekun Ayalan cikin jirgin ƙasa da babbar motar safa, tare da masauki, da abincin halal, da jagora mai jin Hausa, da tsayawa salla a kan lokaci. Damfara ce tsagwaronta, kuma ƙanwata uwa ɗaya uba ɗaya tana cikin waɗanda ta rutsa da su. Ba zan ambaci sunan da suke amfani da shi ba, domin sukan sauya shi, kuma akwai alamar cewa sun ari wani ɓangare na sunan wani kamfani na gaskiya wanda bai ji ba bai gani ba.

Ƙanwata tana aure a Manchester. Surukarta ta zo daga Kano ziyara da bizar Birtaniya, sai ita da mijinta suka yi niyyar faranta wa tsohuwar rai kafin ta koma, su nuna mata teku da korayen duwatsu. Ta gaya mini a waya cewa sun biya kuɗin wani yawo, za su kwana ɗaya a gidana kafin a tashi, ni kuwa ban nemi ganin takardar ba, kuma har yau abin yana damuna. Mutumin da ta yi ciniki da shi bai taɓa yarda su yi magana ta bidiyo ba. Saƙon murya yake turowa, cikin Hausa mai daɗi, ya fara da sallama, ya tambayi lafiyar Hajiya da yara, ya rufe da addu'a. Ya sa wa kowane babba fam 350, yara biyu rabin kuɗi. Da farko ya nemi kafin alƙalami, bayan kwana biyu ya ce kujeru biyar kacal suka rage, idan ba a cika kuɗin kafin magariba ba zai bai wa wasu, daga baya kuma ya ƙara fam 200 da sunan inshora. Jimlar abin da suka tura fam 1,600 ne, kai tsaye daga asusu zuwa asusu, kuma sunan da ke kan asusun na wani mutum ne, ba na kamfani ba. Da ta tambayi dalili, sai ya ce na akawunsu ne.

Ƙaryarsa ta farko ta bayyana ne a filin jirgin saman Manchester. Ya tabbatar musu cewa bizar Birtaniya ta isa mutum ya shiga Ayalan. Ma'aikatan jirgi suka duba fasfon Hajiya suka ce ba za ta hau ba, domin mai fasfon Najeriya yana buƙatar bizar Ayalan ta musamman, ko da yana riƙe da ta Birtaniya. Tsohuwa mai jika ta tsaya a gaban jama'a da jakarta, ba ta san laifin da ta yi ba. Dole ɗanta ya koma gida da ita, ƙanwata da yaran, masu fasfon Birtaniya, suka taho su kaɗai don kada kuɗin ya tafi duka a banza.

Da daddare bayan mun ci abinci ta miƙo mini takardar tsarin tafiyar. Ina kallon hoton da ke samanta gabana ya faɗi. Jirgin ƙasa ne mai ja da ruwan zinari yana gudu a leɓen tsaunukan Moher, teku na tumfafiya a ƙasa. Na je wurin nan ya fi a ƙirga da baƙi, kuma babu ko taku ɗaya na layin dogo a can. Tsaunukan suna gundumar Clare, sun miƙe kimanin kilomita 14 a bakin Tekun Atlantika, inda suka fi tsayi sun kai mita 214, kuma da mota aka fi isa gare su. Tsohon ƙaramin layin da ya taɓa ratsa yammacin Clare an rufe shi tun 1961. Hoton haɗi ne na kwamfuta. Ƙanwata ta dubi fuskata ta ce, "Yaya, lafiya?" Na ce mata bari in karanta sauran tukuna.

Sauran ya fi hoton muni. Takardar ta ce za a kwana biyu a cikin tarago mai gadaje, alhali jiragen fasinja na yau da kullum a Ayalan babu mai ɗakin kwana, domin ƙasar ba ta da girman da za a kwana ana tafiya: daga Dublin zuwa Cork kimanin awa biyu da rabi ne, haka ma zuwa Galway. Ta ce jirgi zai ratsa Connemara har garin Clifden, layin da aka rufe a 1935. Ta ce za a bi dogo zuwa Donegal, gundumar da a yau babu jirgin fasinja ko ɗaya da ke shiga cikinta. Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne rana ta huɗu, inda aka rubuta cewa za a yi zagayen Kerry da safe, a kai Giant's Causeway da yamma. Zagayen Kerry hanya ce mai kimanin kilomita 179, ƙunƙuntacciya mai lanƙwashe-lanƙwashe, motocin 'yan yawo sukan tashi daga Killarney su wuni cur a kanta. Giant's Causeway kuwa, wani wurin duwatsu a bakin teku, yana can ƙarshen arewa a gundumar Antrim, tafiyar da ta haura awa shida a mota, nisan da ya fi na Kano zuwa Abuja. Wanda ya rubuta wannan takarda bai taɓa taka ƙasar ba, ko taswirarta bai tsaya ya duba ba. Sunayen wurare ya kwaso daga intanet ya jera.

Duk da haka da sassafe muka tafi tashar jirgin ƙasa ta Heuston, saboda zuciya ba ta saurin yanke ƙauna. An ce jagora zai tsaya kusa da allon da ke nuna lokutan tashi da ƙarfe bakwai, riƙe da koren kyalle. Muka tsaya. Wani ayari na gaske ya taru a gefenmu, jagoransu da takardar sunaye a hannu yana kira ɗaya bayan ɗaya yana raba tikiti, ƙaramin ɗan ƙanwata yana ta jan rigarta yana cewa ga namu can. Suka shige, jirginsu ya tashi. Muka hangi wani magidanci da iyalinsa su ma suna ta waige-waige, da irin takardarmu a hannunsa, daga Birmingham suka zo. Ya kira lambar a kashe, ƙanwata ta kira a kashe. Da ta buɗe zauren WhatsApp ɗin da aka saka su, wanda tun farko masu kula da shi kaɗai ke iya rubutu a ciki, sai ta tarar an cire ta tun cikin dare. A nan ta zauna a kan akwatinta ta rufe fuska da mayafi, ba asarar kuɗin ce ta fi ƙona mata rai ba, kunyar surukarta ce.

Yawo irin wannan yana nan na halal, kuma kamfanonin kirki suna yin sa, don haka ya kamata a san yadda yake domin a iya bambancewa. Jirgin ƙasa shi ke ɗaukar mutane tsakanin manyan garuruwa, yawanci ta tsakiyar ƙasa: daga Heuston zuwa Cork, ko Limerick, ko Galway, ko Killarney ta hanyar Mallow, daga tashar Connolly kuma zuwa Belfast. Gaɓar yamma, wadda hanyar nan da ake kira Wild Atlantic Way ke bi tsawon kimanin kilomita 2,500 daga Donegal zuwa Kinsale, da motar safa ake ganinta, a otal kuma ake kwana. Inda dogo ya bi bakin teku sosai ya fi yawa a gabas, kamar daga Dublin zuwa Bray da Greystones, da kuma arewa tsakanin Derry da Coleraine. Kamfani na gaske zai gaya maka sunan otal ɗin da za ka kwana, kana iya kiran otal ɗin da kanka ka tambaya. Farashin ma shaida ne: a watan Yuli ɗaki ɗaya a matsakaicin otal a Killarney yakan haura yuro 100 a dare guda, to ta yaya fam 350 za ta ɗauki masaukin kwana shida da jirgi da mota da abinci da jagora? Arahar ita ce ƙugiyar, halal da salla da Hausa kuma su ne abincin da aka maƙala a bakinta. Wannan ne ya fi yi mini ciwo, domin ya san abin da ke hana iyayenmu sakewa a tafiye-tafiyen Turai, da shi ya shigo musu.

Batun biza yana buƙatar ƙarin bayani, saboda na ga irin tallar an juya ta zuwa naira ana yaɗawa a zaurukan Kano da Kaduna da Abuja, an ƙara mata alƙawarin cewa biza tabbas ce. Babu wani kamfanin yawo da ke da ikon tabbatar wa mutum biza. Hukumomin Ayalan ne ke yanke hukunci, kuma ƙasar tana da ofishin jakadanci a Abuja. Ana cike takardar nema ne a shafin gwamnatin ƙasar, bizar gajeriyar ziyara ba ta wuce kwana 90, ba ta ba da izinin aiki, kuɗinta yuro 60 ne na shiga sau ɗaya, yuro 100 na shiga da yawa, ban da ladan cibiyar karɓar takardu. Ayalan ba ta cikin yankin Schengen na ƙasashen Turai masu amfani da biza guda, don haka bizar Faransa ko ta Jamus ba ta aiki a nan. Sannan tsibirin kashi biyu ne: Jamhuriyar Ayalan mai kashe yuro, da Ayalan ta Arewa wadda ke ƙarƙashin Birtaniya mai kashe fam. Belfast da Giant's Causeway suna Arewa ne. Ko da yake babu shingen bincike a kan iyakar, ɗan Najeriya mai bizar Ayalan kaɗai idan ya tsallaka ya karya dokar shige da fice ta Birtaniya, kuma hakan na iya ɓata masa neman biza a gaba. Duk wanda ya sayar maka da yawon da ya haɗa ɓangarorin biyu bai ce maka uffan kan biza biyu ba, ko dai jahilin sana'ar ne ko kuma macuci. Haka kuma kada a tura hoton fasfo da bayanan asusu ga wanda ba a tantance ba, domin asarar waɗannan takan fi ta kuɗi daɗewa tana bin mutum.

Kafin a biya ko kwabo, a nemi cikakken sunan kamfani da lambar rajistarsa, a duba a shafin ofishin rajistar kamfanoni na Ayalan, wato CRO, ko na Companies House idan sun ce a Birtaniya suke, binciken suna kyauta ne a duka biyun. Samun sunan kaɗai bai wadatar ba, tun da sukan saci sunan wasu. A kira lambar da ke shafin kamfanin na asali, ba wadda aka turo a saƙo ba. A buɗe shafin hukumar jiragen ƙasa, Iarnród Éireann, a ga ko jirgin da aka rubuta yana tashi a wannan lokaci zuwa wannan gari. A biya da kati. Ga mazauna Birtaniya, sashe na 75 na dokar bashin masu saye ta 1974 ya ɗora wa kamfanin katin bashi alhaki a cinikin da ya haura fam 100 har zuwa fam 30,000, kariyar da mai tura kuɗi kai tsaye ba ya samu. Mai ɗan'uwa ko aboki a Dublin ko Cork ko Galway ya tura masa takardar ya karanta, minti biyar ya ishe shi gane abin da na gane a daren nan.

Wanda kuma ya riga ya biya, kada kunya ta sa ya yi shiru, domin da shirun nan suke ci. Ya kira bankinsa nan take, ya adana saƙonnin murya da rasit da lambar asusun da aka ba shi, ya kai rahoto ga 'yan sanda: a Ayalan ofishin Garda mafi kusa, a Najeriya 'yan sanda ko hukumar EFCC. A Birtaniya tun daga 7 ga Oktoba 2024 akwai ƙa'idar da ta wajabta wa bankuna mayar da kuɗin wanda aka yaudara ya tura zuwa wani asusu na cikin ƙasar, har zuwa fam 85,000, bisa wasu sharuɗɗa, kuma ana so a kai kuka cikin wata 13. Ƙanwata ta shigar da nata, magidancin Birmingham ma ya shigar, muna jiran amsa.

A makon jiya wani abokina ya turo mini wata sabuwar talla yana neman shawara, ya ce yana son kai iyalinsa. An sauya suna, an sauya lambar waya, kwana shida sun koma bakwai, an ƙara ziyarar tsibiran Aran. Amma hoton da ke samanta shi ne dai na jan jirgin nan a leɓen tsaunukan Moher, kuma da na saurari saƙon muryar da aka haɗo da ita na tura wa ƙanwata, ta ce muryar mutumin ce.