Yaya, Ga Lissafin Gidan da Kuka Gani a Hoto

Assalamu alaikum Yaya,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya, kai da iyali baki ɗaya. Yaya ƙafar Hajiya? Allah ya ƙara mata sauƙi. Mu nan Mancesta lafiya lau, sai sanyi da ya fara shigowa, ƙarfe huɗu na yamma gari ya soma duhu.

Na ga hoton da ka turo na ɗan unguwarmu da ke nan Ingila yana tsaye a ƙofar gida mai jan bulo da makulli a hannu, na kuma ji saƙon Hajiya cewa ni me nake jira ban sayi nawa gidan ba. Ban amsa ta waya ba don maganar tana da lissafi, kuma na fi son ka zauna da biro da takarda ka bi ta da kanka, sannan ka fassara wa Hajiya yadda za ta gane. Ina taya shi murna har zuciyata, Allah ya sanya alheri. Amma makullin nan da ke hannunsa, banki ma yana riƙe da irinsa, kuma zai ci gaba da riƙewa shekara 25 ko fiye.

A ƙasar nan yawancin mutane ba da kuɗi hannu suke sayen gida ba. Bashi suke ci, wanda suke kira mogej, wato dai jinginar gida. Kai za ka kawo kafin alƙalami, galibi kashi 10 cikin 100 na kuɗin gidan, banki ya cika sauran, gidan kuma ya zauna a matsayin jingina har ranar da ka biya kwabon ƙarshe. Duk takardar tallan bashin da ka ɗauka za ka ga an rubuta a ƙasanta cewa ana iya ƙwace gidanka in ka kasa biya.

Watan jiya na je wurin wata mai ba da shawara kan irin wannan bashi, wadda aikinta kamar na dillali ne tsakaninka da bankuna. Daga aikin dare na wuce, ko karyawa ban yi ba, da takardun albashina da bayanan asusuna na wata uku a cikin leda saboda yayyafi. Ta baza su a tebur tana bi layi-layi da biro: kuɗin haya, wuta da gas, kuɗin makarantar renon yarinya. Sai ta tsaya a kan fam 300 ɗin da ke fita duk farkon wata ta ce, "Wannan fa, ina yake zuwa?" Na ce na gida ne, na mahaifiyata da karatun ƙannena. Ta ce zan iya dakatar da shi? Na ce a'a, wannan ko haya ba ta gabansa. Ba ta yi musu ba, ta dai rubuta shi cikin kuɗin da dole su fita, nan take abin da banki zai iya ba ni ya ragu. Ƙa'idarsu ita ce ba su cika wuce ninki huɗu da rabi na albashinka na shekara ba, kuma wanda bai samu takardar zama ta dindindin ba, bankuna da yawa kan nemi ya kawo kafin alƙalami mai kauri fiye da na ɗan ƙasa.

To ga lissafin da muka yi, ka ɗauki bironka. Gida mai ɗaki uku, irin na jere da bangonka ke manne da na maƙwabci, a ce fam 200,000. Na kawo 20,000, banki ya ba da 180,000 a kan kuɗin ruwa kashi 5 cikin 100 a shekara, a biya cikin shekara 25. Duk wata zan riƙa ba da fam 1,052. Da ta faɗi haka sai na ji sanyi a raina, don bai yi nisa da hayar da nake biya yanzu ba. Amma ba a nan gizo ke saƙar ba. Shekara 25 wata 300 ke nan. Ka ninka 1,052 sau 300, za ka samu sama da fam 315,000. Na karɓi 180,000, zan mayar da 315,000. Kusan 135,000 kuɗin ruwa ne zalla, wanda ba ya zama bulo ko tagar gida.

Abin da ya fi tsaya min a rai shi ne yadda biyan yake rabuwa, kuma shi ne mutanenmu da yawa ba su lura da shi ba sai sun shiga. Ana lissafa ruwan ne a kan abin da ya rage a kanka. A watan farko bashin yana nan cif 180,000, don haka ruwan wannan watan kawai fam 750 ne. Cikin 1,052 da na miƙa, 302 ne kaɗai suka taɓa uwar kuɗin. Shekarar farko za ta ƙare na zuba sama da fam 12,600, amma bashin bai ragu da 3,800 ba. Bayan shekara 5 na biya sama da 63,000, har yanzu ana bina kusan 159,000. Sai an haura shekara 11 kafin abin da ke rage bashin a kowane wata ya fara rinjayar abin da ruwa ke cinyewa. Ka tuna lokacin da muke jan ruwa a rijiyar gidan Kaka da gugan nan mai huda, kafin ya iso baki rabi ya koma? Shekarun farko na bashin nan haka suke, sai dai nan abin da ke zubewa ya fi rabi.

Da ta ga na yi shiru, sai ta ce ana iya sauƙaƙa min, a ja lokacin zuwa shekara 35, biyan wata ya sauko fam 908. Sauƙin fam 144 ke nan duk wata, kuma wallahi ga mai iyali 144 kuɗi ne. Na ce ta buga min jimillar. Fam 381,000 da ɗoriya. Ruwan kaɗai ya haura 200,000, ya fi abin da na ranta tun asali. Sauƙin 144 ɗin nan farashinsa kusan fam 66,000 ne, ga shekara 10 na ƙarin ɗawainiya, lokacin da ƙarfina ya ja baya. Matasa da yawa a nan wannan hanyar suke bi yanzu, don ita ce kaɗai albashinsu ke iya ɗauka.

Shi kansa kashi 5 ɗin ba na har abada ba ne. Yawanci ana ɗaure farashin ruwan na shekara 2 ko 5 ne kawai, in wa'adin ya cika ka sake ciniki a kan farashin da kasuwa ke kai a ranar. Babban Bankin Ingila ya riƙe nasa ma'aunin kuɗin ruwa a kashi 0.1 tun lokacin korona har Disambar 2021, daga nan ya yi ta hawa har ya kai 5.25 a Agustan 2023, bai fara saukowa ba sai Agustan 2024. A tsakiyar wannan ne, cikin Satumbar 2022, gwamnatin Liz Truss ta fitar da ƙaramin kasafin kuɗin da ya girgiza kasuwa, ruwan bashin gida ya tsallake kashi 6 cikin 'yan makonni. Akwai wani abokin aikina, ɗan Ghana, da abin ya rutsa da shi. In ka ɗauki bashi kamar na lissafin nan, a kashi 2 biyan wata fam 763 ne. Bayan shekara 2 in aka sabunta a kashi 6 sai ya koma kusan 1,130. Gida bai ƙara ɗaki ba, albashi bai motsa ba. Na ga yadda ya riƙa karɓar aikin Asabar da Lahadi ba hutu, har idonsa ya faɗa. Matarsa ta ce min yaran sun fi wata ba su ci abincin dare tare da shi ba.

Ban da wannan akwai ƙananan kuɗaɗen da ba sa fitowa a hoto: lauya, mai duba lafiyar gini, kuɗin buɗe bashin da kan kai kusan fam 1,000, da inshorar gini wadda banki ke wajabtawa. Ranar da na'urar ɗumama gida ta mutu cikin hunturu, mai haya waya zai ɗaga ya kira mai gida, mai bashi kuwa aljihunsa zai taɓa. Wasu gidajen, musamman na bene da ake rabawa hawa-hawa, ginin kake saya na shekara 99 ko 125, ƙasar ta wani ce, kana biyansa kuɗin ƙasa da na kula da gini duk shekara. Ya tuna min da shekara 99 da ke rubuce a takardar mallakar fili ta gwamna a wajenmu. Sannan akwai wata tambaya da ta shafe mu kai tsaye. Mai sayen gidan farko ana yafe masa harajin saye a gida mai irin wannan farashi, amma sharaɗin shi ne bai taɓa mallakar gidan zama ba a ko'ina a duniya, ko da na gado ne. Don haka maganar raba gidan Baba da sanya sunana a takarda, ka dakata min da ita tukuna har in yi magana da lauya.

Kada ka ɗauka kushe tsarin nake yi gaba ɗaya, akwai abin da ya burge ni. Ma'aikacin jinya ko direban bas yana iya shiga gidansa yana da shekara 30, yaransa su tashi a ciki, ba sai ya jira kuɗin sallama ba kamar yadda Baba ya jira. Rajistar filaye tasu tsaf take, ba ka jin an sayar da gida ɗaya ga mutum uku. Komai a rubuce yake tun kafin ka sa hannu, har jimillar abin da za ka biya, in dai ka karanta. Yawancin bankuna sun yarda ka ƙara biya har kashi 10 na bashin a shekara ba tara, kuma ƙarin yana da albarka sosai: fam 100 kacal a kan 1,052 ɗin nan duk wata zai yanke kusan shekara 4, ya tsirar da wajen fam 24,000. Akwai ma asusun ajiya na masu neman gidan farko da gwamnati ke ɗora maka kashi 25, in ka ajiye 4,000 a shekara ta ƙara 1,000. Ka kwatanta da gida, inda ma'aunin Babban Bankin Najeriya ya kai kashi 27.5 a ƙarshen 2024, na bankunan kasuwa kuma sama da haka. A irin wannan farashi bashin shekara 25 ba ya ma lissaftuwa. Abin da ya yi kama da na nan shi ne asusun gidaje na ƙasa da ake cire muku kashi 2.5 na albashi dominsa, mai ruwa kashi 6 har zuwa shekara 30. Tunda ana cire maka, ka san haƙƙinka a ciki.

Sai babbar maganar, wadda na san ita Hajiya za ta fara tambaya: riba. Ita ta hana ni barci fiye da lissafin. A masallacinmu mutane sun kasu. Wasu sun riƙe fatawar Majalisar Fatawa ta Turai ta 1999, wadda ta yi rangwame ga Musulmin da ke zaune a nan ya ci bashin don gidan da zai zauna da iyalinsa, bisa larura, in babu wata hanya. Wasu malaman sun ce sam, haya tana nan, larura ba ta tabbata ba. Akwai kuma bankunan Musulunci irin su Gatehouse da ke da tsarin musharaka: ku sayi gidan tare da banki, kana biyan haya a kan kasonsa, kana kuma sayen kason kaɗan-kaɗan har ya zama naka. Na karɓi lissafinsu ma. Biyan wata bai fi na sauran sauƙi ba, sau da yawa ma ya ɗara, kuma hayar tana bin yanayin kasuwa. Amma ƙulla cinikin daban ne, kuma zuciyata ta fi natsuwa da shi. In har zan shiga, ta wannan ƙofar zan shiga, ko da zan ƙara shekara biyu ina tara kafin alƙalami. Ban ga laifin wanda ya bi ɗaya fatawar ba, kowa ya san nauyin da ke kansa.

Tun da na fito daga ofishin matar nan nake tunanin ginin nan namu na bayan gari can gida da ya tsaya a linta shekara uku, wanda nake jin nauyi duk lokacin da aka ambace shi. Yanzu kallon da nake masa ya sauya. Siminti yana tashi, gaskiya ne, kuma jinkirin ma yana da nasa farashin, don buhun da muka saya bara ba shi ne na bana ba. Amma duk bulon da ke jikinsa namu ne, in wata ya zo ba kuɗi sai ginin ya jira mu, ba mai aiko da takarda. Mun yi shawara da maman yara, za mu ci gaba da haya a nan zuwa baɗi muna tari, gefe guda kuma mu rufa wa wancan kai.

Don haka ƙarshen watan nan zan turo kuɗi daban da na Hajiya. Ka kira birkilan ya auna mana katako da kwano nawa za su ci, ka tambayo farashi wuri biyu ko uku kafin ka biya, a samu a yi rufi kafin damina ta faɗi. Kwasona na adashe yana zuwa bayan salla, da shi za mu yi ƙofofi da tagogi. In an ɗora kwanon ka ɗauko min hoto ta gaba da ta baya, ka kuma kai Hajiya ta gani da idonta ta sa albarka.

Ka gaishe min da Anti da yara, da Kawu in ka leƙa.

Naka,
Ƙaninka a Mancesta