Daƙiƙa 10 da LinkedIn ya ba ni in faɗi sunana

A shekarar 2020 ne LinkedIn, dandalin sada zumunta na ma'aikata da masu neman aiki a intanet, ya ba masu amfani da shi damar naɗar muryarsu suna furta sunansu, na tsawon daƙiƙa 10, sai wata alamar lasifika ta bayyana kusa da sunan domin duk mai so ya latsa ya saurara. Na daɗe ina ganin alamar ban kula ba, sai bara na gwada, kuma na ga amfaninta fiye da yadda na zata.

Sunana yana farawa da harafin ɗ mai lanƙwasa. Lokacin da na fara aiki da wasu mutanen da ba sa jin Hausa, wanda ya shigar da sunan a rajista ya rubuta shi da d, na ga abin bai taka kara ya karya ba, na yi shiru. Shekara uku ana kirana da sunan da ba shi iyayena suka raɗa mini ba ina amsawa, har ta kai ni ma da shi nake gabatar da kaina don kada in wahalar da kowa. Abin da ya fi damuna shi ne, mai amsa wannan sunan ya zama wani mutum dabam, mai yawan kawaici, wanda ko kuskuren aiki ya gani yakan ji nauyin gyarawa.

Naɗar ba ta da wahala, ko da yake sai a karo na huɗu na gamsu, domin na farko na faɗe shi da sauri kamar mai neman gafara. Aibinta biyu ne a ganina: ta manhajar waya kaɗai ake iya naɗa, sannan alamar ta yi ƙanƙanta, mutane da yawa sukan wuce ba su lura da ita ba.

Duk da haka, mako biyu bayan na saka, a wani taro ta intanet, wata abokiyar aiki ta ɗan dakata kafin ta ba ni dama in yi magana, ta furta sunan a hankali, ɗ ɗin ya fito kusan daidai, sannan ta tambaye ni ko ta dace. Na ce mata ta dace, kuma a ranar na faɗi ra'ayina a kan aikin ba tare da jan ƙafa ba.