YouTube ko sinima, ina zan kai fim dina?

Wallahi tambayar nan ta ishe ni a inbox, tun da kasuwar CD ta Kofar Wambai a Kano ta mutu masu turawa a waya suka karbe harkar kowa sai ya tambaye ni ina zai kai fim dinsa. To ga yadda nake gani.

YouTube ba ka biyan ko sisi wajen dorawa, amma kafin ka fara cin kudin talla sai ka tara sabskiraiba 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin wata 12, sannan su dauki kashi 45 su bar maka 55, kuma tallan da ake sakawa masu kallo a Najeriya kudinsa kadan ne, wanda ya kalla daga Saudiyya ko Amurka ya fi kawo maka. Ga shi jama'a sun saba da siris, wato fim mai dogon zango, ka yi sati biyu baka saki ba sun koma wani gidan. Dadinsa dai fim na nan, bayan shekara ma ana kallo kudi na dan shigowa.

Sinima kuwa tikiti ne a hannu, amma sai ka raba da masu gidan, hoto da sauti dole su yi kyau, gidajen kuma nawa ne a Arewa? In ba lokacin sallah ba kana iya ganin kujeru wayam.

Mai karamin jari da dogon labari da hakuri, YouTube ta fi masa. Mai manyan jarumai da kudin talla, ya gwada sinima tukuna, daga baya ya dora.