Russell ko McDannell da Lang: wanne za ka saya?

Ɗan'uwa, ka ce kana rubuta takardar kammala karatu a makarantar tauhidi kan yadda Jamusawa suka karɓi Kiristanci da yadda suke hasashen sama, wato mazaunin Allah a lahira. An ba ka sunan littattafai biyu, kuɗin ɗaya ne a hannunka: The Germanization of Early Medieval Christianity na James C. Russell, da Heaven: A History na Colleen McDannell da Bernhard Lang. Na karanta duka biyun. Idan ɗaya za ka saya, sayi na biyun. Sai dai ka sani ba gona ɗaya suke nomawa ba, kuma akwai abin da za ka rasa.

Na Russell ya fito a 1994 daga maɗaba'ar Jami'ar Oxford. Ya yanki zamani ya tsaya a kansa: daga 376, shekarar da Gotawa suka ƙetare kogin Danube suka shiga daular Rum, zuwa 754, lokacin da aka kashe ɗan mishan Boniface kusa da Dokkum, a arewacin Holan ta yau. Ka lura da wannan tun da wuri, don kada malaminka ya kama ka: Jamusawan da Russell yake nufi ba 'yan ƙasar Jamus ba ne, domin ita sai a 1871 ta dunƙule. Ƙabilu ne masu harsuna 'yan uwan juna, su Goth da Frank da Saxon da Frisiya, har da waɗanda suka tsallaka Ingila.

Maganarsa guda ce, kuma mai nauyi. An je a mayar da waɗannan ƙabilu Kirista, sai su ma suka juya Kiristancin ya ɗauki kamanninsu. Addinin da ya girma a biranen Rum yana koyar da gudun duniya da ceton ran mutum shi kaɗai. Su kuwa mutanen dangi ne da yaƙi, abin da ya dame su shi ne amana tsakanin jarumi da ubangidansa, da suna mai kyau, da albarkar gona. 'Yan mishan suka ga in ba su sassauta ba, ba mai saurarensu. Ka tuna wasiƙar Paparoma Gregory ta 601, inda ya ce kada a rushe ɗakunan tsafin mutanen Ingila, a fitar da gumaka kawai, a yayyafa ruwa mai tsarki, a mayar da su majami'u. A ganin Russell, sassaucin da aka yi da niyyar na ɗan lokaci ne, shi ya zauna daram.

Matsalar littafin biyu ce. Kusan rabinsa na farko ka'idojin ilimin zamantakewa ne, sai ka yi ta juya shafi kana neman inda tarihin zai fara. Sannan yana zuba ƙabilu masu nisa da juna a ƙwarya ɗaya kamar halinsu ɗaya ne, abin da masana tarihi da dama suka ƙi yarda da shi. Batun sama kuwa, leƙawa kawai yake yi ya wuce.

Amma daga wancan zamanin ne labarin da ya kamata ya buɗe takardarka ya fito. Ana ba da labari cewa Radbod, sarkin Frisiya da ya mutu a 719, ya riga ya sa ƙafa ɗaya cikin ruwan baftisma, sai ya tsaya ya tambayi bishop: kakannina sarakuna, ina suke yanzu? Aka ce masa suna wuta, tunda ba a yi musu baftisma ba. Sai ya janye ƙafarsa, ya ce gara ya tafi inda nasa suke da ya zauna a sama da 'yan tsirarun talakawa. Ruwaya ce daga tarihin waliyyi Wulfram, don haka ka kawo ta a matsayin ruwaya. Tambayar dai ta kai: in na je can, zan ga nawa?

To wannan tambayar ita ce ƙashin bayan littafi na biyu. Ya fito a 1988 daga maɗaba'ar Jami'ar Yale. McDannell Ba'amurkiya ce, Lang kuwa Bajamushe ne da ya koyar a Jami'ar Paderborn. Su ba su yanki zamani ba, sun ɗauko tun daga Yahudawan dā har ƙarni na 20, suna bin abu ɗaya tak: me Kirista suke tsammanin za su yi a sama? Sun ce hoto biyu ne suke ta karɓa-karɓa. A ɗaya Allah ne komai: rai yana dubansa, yana yabonsa, ba aure, ba aiki, ba wani abin da zai ɗauke hankali. A ɗayan kuma mutum yana tarar da matarsa da 'ya'yansa, akwai gida da lambu, akwai aiki da ci gaba. Manyan malaman tauhidi irin su Augustine da Thomas Aquinas da Calvin sun fi karkata ga na farko. Na biyun ya samu gindin zama sosai ne daga Emanuel Swedenborg, ɗan Suwidin da ya wallafa littafinsa kan sama da wuta a Landan a 1758, yana cewa ya ga wuraren da idonsa.

Jamusawa a nan ba su ne masu gida ba, baƙi ne masu shiga da fita, amma manyan baƙi. Akwai Mechthild ta Magdeburg ta ƙarni na 13, wadda ta siffanta haɗuwar rai da Almasihu da harshen ango da amarya. Akwai Martin Luther, jagoran gyaran coci da ya haifar da ɗarikar Furotesta. Akwai kuma masu tauhidin ƙarni na 20 irin su Rudolf Bultmann, wanda a 1941 ya ce mutumin da ke amfani da lantarki da rediyo ba zai iya ci gaba da ɗaukar duniya a matsayin bene mai hawa uku ba, sama a bisa, ƙasa a tsakiya, wuta a ƙarƙashi. Daga nan sai sama ta zama abin da malamai ke tsoron zanawa.

Luther ya fi ba ni sha'awa, domin shi kansa yana ɗauke da hotunan biyu. A mimbari Allah ne komai. Amma a 1530, yana zaune a ganuwar Coburg nesa da iyalinsa, ya rubuta wa ɗansa Hans mai shekara 4 wasiƙa kan wani lambu mai kyau, inda yara sanye da riguna na zinariya suke tsintar tuffa da sauran 'ya'yan itatuwa, suna hawan ƙananan dawakai masu linzamin zinariya da sirdin azurfa. Ya ce mai lambun ya yarda Hans ya zo, in yana addu'a yana kuma karatu. Malamin da ya girgiza Turai ke nan, da ya zo yi wa ɗansa bayani sai ya koma lambu da doki.

In ka jera su gefe da gefe, ga yadda suke. Russell ya ba ka Jamusawa sosai, sama kaɗan. McDannell da Lang sun ba ka sama sosai, Jamusawa gwargwado. Russell yana kafa hujja ne, dole ka yarda ko ka yi gardama da shi. Su kuwa labari suke bayarwa, da zane-zane da hotuna masu yawa, har da waƙoƙin coci da littattafan hira, ba maganar manyan malamai kaɗai ba. Turancin Russell na ɗakin karatu ne, nasu kuwa kana iya karanta shi da dare bayan ka gaji. Laifinsu shi ne idonsu na kan Yammacin Turai da Amurka, kuma wani lokaci suna matsa mutum ya shiga ɗaya daga cikin akwatunansu biyu ko da bai dace ba.

Akwai rami tsakanin littattafan, kuma a cikinsa takardarka take. Russell ya tsaya a 754, yaƙe-yaƙen Sharlaman, sarkin Frank, da Saxon kuwa daga 772 zuwa 804 aka yi su, aka shigar da mutane addini da takobi. Bayan haka, wajen 830, wani mawaƙin da ba a san sunansa ba ya rera rayuwar Yesu da tsohon harshen Saxon, baiti kusan 6,000, ana kiran waƙar Heliand, wato Mai Ceto. A cikinta Almasihu shugaban jarumai ne, almajiransa mayaƙansa ne masu amana, makiyayan daren haihuwa kuma sun zama masu gadin dawakai. Da ya zo kan sama sai ya kira ta da kalmar wang, wato fili mai ɗanyar ciyawa, koren makiyayar Allah. Hujjar Russell ce da batun McDannell da Lang a wuri ɗaya. G. Ronald Murphy ya fassara ta zuwa Turanci a 1992, ka nemi wannan a laburare ko aro.

Abu na ƙarshe, tunda da Hausa za ka yi wa ikilisiya bayani wata rana. Kalmar Himmel ta Jamusanci tana nufin sararin da gajimare ke yawo, tana kuma nufin mazaunin Allah, daidai da yadda muke amfani da sama. Turanci ne ya raba su biyu, sky da heaven. Duk inda waɗannan littattafai suka ɗauko maganar wani Bajamushe, ka tsaya ka duba wace ma'anar mai fassara ya zaɓa, ka kuma yanke tun a babin farko ko sama za ka rubuta, ko Firdausi, ko aljanna.