Wasiƙa daga Liyon: ƙurar katako da hancin kafinta

Salamu alaikum Yaya. A gaida Inna da uwargida da yaran shago. Saƙonka ya iso, na kuma zaga kantuna na duba maka kuɗin injin goge katako. Kada ka wahalar da kanka: in aka haɗa kuɗin jirgin ruwa da na duwan, gara ka saya a Duwala. Abin da ya zaunar da ni rubutu yau daban ne, kuma na sa shi a fili don sauran kafintocin Garwa su gani.

Ranar da na fara aiki a shagon da muke yin matakalar bene, na ɗauki tsintsiya da yamma zan share kamar yadda ka koya mini. Maigidan ya karɓe ta daga hannuna, ya nuna mini injin zuƙe ƙura. Kowane zarto da kowane injin gogewa a nan yana da bututu a gindinsa mai shanye garin katako tun bai tashi ba. Dokar Faransa ta ce kada ƙurar katako ta wuce miligiram 1 a kowace mita kubik ta iskar da ma'aikaci ke shaƙa cikin awa 8. A raina na ce iyayin Turawa ne kawai. Mu da muka tashi gashin girarmu fari fat da garin katakon ayus, me ya same mu?

Sai ga abin da ya sami wani dattijo ɗan Fotugal da muke aiki tare, wanda ya fara kafinta tun yana ɗan shekara 16, yanzu ya haura 60. Kafar hancinsa ta hagu ta toshe, ita kaɗai, wata da watanni. In ya fyace sai ya ga ɗigon jini a hankici. Wata rana gam ya zube a ƙasa, kowa ya toshe hanci, shi ko a jikinsa, ashe ya daina jin wari. Yaya, ka tuna Kawu? Haka ya fara.

Matarsa ba ta tuƙi, ni na riƙa kai shi asibiti, shi ya sa na ga komai da idona. Likitan unguwa Yuro 30 ake biyansa, kusan sefa 19,700, inshora kuma ta mayar da mafi yawa. Abin da ya fara tambaya shi ne sana'arsa. Da jin kalmar kafinta ya rubuta masa takardar zuwa wurin likitan kunne da hanci da maƙogwaro, wanda suke kira ORL. Wannan ya fesa masa maganin kashe zafi, ya zura wata siririyar igiya mai fitila da kyamara a hancin, bai fi minti biyar ba. Can sama, inda ake jin ƙanshi, ga wani tsiro mai saurin jini. Bayansa akwai wani ƙashi tsakanin idanu biyu mai ramuka kamar saƙar zuma, sunansa etimoyid, kuma bango ne siriri ya raba shi da ido da ƙwaƙwalwa.

Hoto biyu aka yi masa, na kuma tambayi dalili, don a ganina ɓarnar kuɗi ce. Aka ce hoton farko, wato skana, ƙashi take nunawa, ko tsiron ya cinye bango. Na biyu kuwa, IRM, mai aiki da maganaɗisu, ita ke rabe tsiro da majinar da ta taru a bayansa, ta kuma nuna ko ya taɓa rufin ƙwaƙwalwa ko ramin ido. Amma duk tsadarsu ba su faɗin sunan cutar. Sai an yanko ɗan nama, bai kai ƙwayar wake ba, an kai ɗakin bincike.

Sakamako ya nuna sankara ce. A nan ne na sha mamaki, don ni a sanina sankara sankara ce. Ashe ta hanci kaɗai dangi ce guda. Wadda ta fi yawa tana fitowa daga fatar da ta shimfiɗe cikin hanci. Tasa kuwa daga irin ƙwayoyin da ke tsatso da majina take, ana ce mata adenokarsinom. Ita ma gida-gida ce. Akwai mai kama da ta ƙwayoyin yawu. Akwai wadda ba ta kama da hanji, ita kuma an raba ta biyu, mai sanyin hali da ba ta cika yaɗuwa ba da mai zafin hali. Sannan akwai wadda in aka sa ta a madubin likita sai ka rantse daga babban hanji aka yanko ta, alhali a hanci ta tsiro. Wannan ta ƙarshe ita ce ta kafintoci, ita ce kuma aka rubuta a takardarsa.

Ba da ido kaɗai suke tabbatarwa ba. Suna zuba wa naman wasu magunguna masu rini, kamar yadda marini ke gane zare da irin shan babarsa. Mai kama da hanji tana kama rinin da suke kira CK20 da CDX2, sauran yawanci ba sa kamawa. Tsabar kamar ta sa wani lokaci sai an leƙa hanjin mutum da kyamara, a tabbatar ba daga can ta yi ƙaura ba. Ko a cikin wannan gidan ma akwai ɗakuna. Wani likitan Amurka mai suna Barnes ya kasa ta biyar a 1986, bisa yadda ƙwayoyin suka jeru: mai fitowa kamar 'yan yatsu, mai bututu irin na hanji, dunƙulalliya, mai cike da yauƙi, da gauraye. Mai 'yan yatsu ta fi sauƙin kai, dunƙulalliya da mai yauƙi sun fi mugunta. Ta dattijon mai bututu ce, tsaka-tsaki. Aka kuma aika gilasan da aka shimfiɗa naman a kai zuwa wasu ƙwararru na ƙungiyar REFCOR, masu kula da sankarar kai da wuya da ba a cika gani ba, su sake dubawa. Kamar dai ka kai katako wurin tsohon ma'aikaci ya shinshina ya ce maka iroko ne ko sapeli, kafin ka san irin zarton da za ka sa masa.

Bayan haka likitoci suka zauna taro a kan takardunsa, mai fiɗa da mai gashi, wato ƙona tsiro da hasken inji, da mai hoto da mai madubi. Girman cutar ana auna shi daga T1 zuwa T4, tasa T2 ce, ba ta fasa zuwa ido ko ƙwaƙwalwa ba. Ta kafar hanci aka yi aikin da kyamara, ba a tsaga fuska ba, sannan gashi na kusan mako shida. Ƙanshi dai ya tafi har abada. Yana ce mini kofi yanzu ruwan zafi ne mai ɗaci.

Aikin da gashin, ko sisi bai biya ba. Sankara tana cikin cututtukan da inshorar gwamnati ke ɗauka gaba ɗaya, tasa kuma tana cikin jadawali na 47 na cututtukan sana'a, don haka har diyya za a ba shi. Ba yau aka gano ba. Tun shekarun 1960 likitoci suka lura da yawanta tsakanin masu yin kujeru a garin High Wycombe na Ingila, a 1995 kuma cibiyar binciken sankara ta Hukumar Lafiya ta Duniya, wadda hedkwatarta ke nan Liyon, ta sa ƙurar katako cikin abubuwan da aka tabbatar suna jawo sankara. Ƙurar fata ma tana ciki, ka gaya wa abokanka dukawan Marwa masu goge takalma. Cutar ba ta gaggawa, takan yi shekara 30 ko 40 kafin ta fito, shi ya sa a nan ake leƙa hancin kafinta duk shekara biyu idan ya cika shekara 30 da fara shaƙar ƙura.

Kada ka ɗauka aljanna ce. Sai da ya yi makonni yana jiran ganin ORL, takardun diyya kuwa har yau ana ta kai da kawo. Kwana biyar da ya yi a kwance, daga matarsa sai ni. Na tuna yadda muka cika farfajiyar asibiti da tabarmi da kwanukan kunu lokacin Kawu. Wannan kam babu kantin da ke sayar da shi a nan.

Amma Kawu an yi masa komai ban da abu guda. Shekara biyu ana ce masa mura ce, hazon hunturu ne, ana ba shi maganin ɗigawa, ana yi masa turare. Da aka cire masa tsiron a wani asibiti, a kwano aka nuna mana, aka zubar. Da ido ya fara turowa aka ce sai Yawunde, mota zuwa Ngaundere, jirgin ƙasa dare guda, a lokacin kuma ƙarfinsa ya ƙare. Ban ce wannan cutar ce ta kashe shi ba, kwana ne ya ƙare, Allah ya jiƙansa. Abin da ke cina shi ne ba wanda ya tambaye shi sana'arsa, kuma naman da zai faɗi gaskiya ya tafi juji. Da an sa shi a kwalbar formol, ruwan da ke hana nama ruɓewa, an aika Cibiyar Pasteur ta Yawunde, da aƙalla mun san sunan abin da muke yaƙi da shi.

Cutar ba ta da yawa, mafi yawan kafintoci har su tsufa ba za su gan ta ba, kuma toshewar hanci sau da yawa mura ce da gaske. Wadda ake tsoro ita ce ta gefe guda da ta ƙi tafiya, da haɓo mai dawowa ta kafa ɗaya, da daina jin wari, ko ido ɗaya mai hawaye. Uwargida ta gaya wa matata kana yawan fyace jini tun bayan sallah, kai kuma ka ce zafin Garwa ne. Lissafi na yi, Yaya, bana shekararka 34 a shago.

Na ba wani ɗan unguwarmu da zai sauka Garwa ƙarshen wata kwali biyu na takunkumin hanci mai tace ƙura, wanda ake kira FFP2. Ƙyallen da kuke ɗaurawa ba ya tare ƙurar samfefa, ita ce kuwa mafi laushi. A sa yara su yayyafa ruwa kafin shara, a daina hure katako da iskar kwamfuresa, a fitar da aikin gogewa waje. Kuɗin da na tura ta waya na ganin ORL ne, ba na siminti ba. Ka ce masa kai kafinta ne tun kafin ya tambaya, ka roƙe shi ya leƙa da kyamara har sama, in kuma ya cire wani abu, komai ƙanƙantarsa, kada ka bar asibitin sai ka ga an sa shi a kwalba an rubuta sunanka. Ka ɗauki hoton takardar ka turo mini.

Ƙaninka.